Daga Gomel Zuwa Vetka: Bikin Da Ya Rage A Fim

Mu ɗaliban Najeriya da ke karatu a birnin Gomel na ƙasar Belarus, wata Asabar muka shiga bas zuwa Vetka, ƙaramin gari a bakin kogin Sozh. Gidan tarihin garin muka je, inda ake ajiye rushnik, wato dogon farin ƙyalle mai jan ado. A bikin aure na gargajiya, a kansa ango da amarya suke tsayawa.

Kafin tafiyar, malamarmu ta harshen Rashanci ta nuna mana wani tsohon bidiyo na bikin ƙauye. Mun ga mata sun kewaye kwaɓin karavai, babban burodin biki, suna waƙa. Sai matar da aurenta ke zaune lafiya ake bari ta sa hannu, don ana ganin albarkarta za ta bi amarya. Mun ga an tare ango a ƙofa, sai da ya biya 'yan'uwan amarya aka buɗe masa. Nan muka fashe da dariya, domin sayen baki ya faɗo mana a rai. Da aka zo kwance kitson amarya ana ɗaura mata kallabin matan aure, tana kuka, ajin ya yi tsit. Wannan kukan mun san shi tun daga gida.

A Vetka muka gane darajar bidiyon. Bayan fashewar tashar nukiliya ta Chernobyl a 1986, an kwashe mutanen ƙauyuka da dama na wannan yanki, wasu ƙauyukan ma babu su yanzu. Gidan tarihi ya adana ƙyallen, amma ƙyalle ba ya waƙa. Muryar tsofaffin matan da yadda suke juya kwaɓi, sai a fim za ka same su.

A hanyar dawowa muka tambayi juna: wa ya haddace waƙoƙin da kakarsa ke yi ranar kamu ko buɗar kai? Babu wanda ya iya kawo ko ɗaya cikakkiya.

Don haka ƙannenmu, idan an yi biki a gidanku, ku nemi izinin Kaka, ku ari wayar Yaya ku ɗauki muryarta. Ku tambaye ta ma'anar kowace waƙa, ku rubuta sunan garin da shekarar.