Dariyar Da Janareta Ba Ya Cinyewa

Da yawan 'yan kallo na birni sun ɗauka fim ɗin barkwanci sai da surutu. Amma wanda ya san gidajen kallo na Makoda da Koguna ya san ba haka abin yake ba. A can janareta na ta ruri a bayan zana, sifika ta tsufa, rabin maganar 'yan wasa ba ta kaiwa bencin baya. Duk da haka, da zarar marigayi Rabilu Musa Ibro ya zaro ido ya ranta a na kare, sai wuri ya kaure da dariya. Jikinsa ne ke magana.

Wannan salo ya girmi kakanninmu. Kafin 1927 finafinai ba su da murya. Tun 1914 Charlie Chaplin ya fito da ɗan gashin bakinsa, da sanda, da ƙaton takalmi, ya riƙa kashe duniya da dariya ba tare da an ji muryarsa ba. Shi Raj Kapoor ya kwaikwaya a Awaara (1951) da Shree 420 (1955).

Da murya ta samu, sai wasu suka koma tsokanar wancan zamani. A 1976 Mel Brooks na Amurka ya yi Silent Movie, labarin wani darakta da ya dage sai ya shirya fim ɗin bebaye. Kalma ɗaya tak aka furta a ciki, wato "a'a" da Faransanci. Kuma wa ya faɗe ta? Marcel Marceau, mutumin da sana'arsa kenan wasa ba magana! A Indiya ma Kamal Haasan ya yi Pushpak a 1987, ba hira ko ɗaya.

Daɗin irin wannan fim yana wajen lissafin lokaci. Mai kallo ya hango ramin, ɗan wasa bai gani ba. Ya matso, ya tsaya, ya juya, ya tsallake lafiya, sannan ya faɗa wani ramin daban. In aka yi gaggawar daƙiƙa ɗaya, dariya ta mutu.

Saboda haka masu raina camama suna cewa fim ɗin ƙauye ne su sake tunani. Su kuma masu wasan barkwanci na yanzu da suka dogara da ihu da baƙar magana, ga jarrabawa mai sauƙi: a kashe sauti na minti biyar. In har ɗan Makoda ya ci gaba da ƙyaƙyatawa, to ɗan wasa ya iya. In wuri ya yi tsit, da sauran aiki.