Sunan Garin da Aka Baro

Ranar da na kai ɗana na fari makaranta a Ikko, malamar da ke rubuta sunaye ta ɗaga kai ta tambaye ni sunan zuriya. Na yi shiru, domin sunan da ke bin nawa a kowace takarda shi ne Katagum, garin da ban kwana cikinsa ba sai sau uku. A can aka haifi mahaifina, ni kuwa a Azare na buɗe ido, a rumfar kawuna kafinta na koyi riƙon zarto. Shin daidai ne in ɗora wa yaron da ya fi jin Yarabanci nauyin garin da ni kaina baƙo ne a cikinsa? Na roƙi malamar ta ba ni zuwa gobe.

A daren nan na tuna da wani mai zane ɗan ƙasar Hangari da na karanta tarihinsa ina ɗalibi, wato Mihaly Munkacsy. An haife shi a 1844 a garin Munkacs, kuma sunan gidansu Lieb. Yana ƙarami iyayensa suka bar garin da shi, bai cika shekara 10 ba duka biyun suka mutu. Aka kai maraya wurin kafinta, ya sha wahalar almajirancin sana'a, abin da ya sa tun farko na ji kamar na san shi. Da ya kama zane sai ya ajiye sunan gidansu ya ɗauki na garin haihuwarsa, domin ma'anar Munkacsy ita ce mutumin Munkacs, kamar yadda malamanmu kan rubuta Alkanawi.

Neman ilmi ya kai shi Biyana, da Munich, da Dusseldorf. A 1870 zanensa na ranar ƙarshe ta wanda aka yanke wa hukuncin kisa ya ci lambar zinariya a baje kolin birnin Paris, ba da jimawa ba ya koma can da zama. Ya yi suna, ya yi dukiya, har attajiran Amurka suka riƙa sayen aikinsa. Ya mutu a Jamus a 1900, aka kai gawarsa Budapest aka binne.

Abu biyu suka faru bayansa. Na farko, yakan shimfiɗa wani haɗi mai kwalta a ƙarƙashin fenti, kuma da shekaru suka tura sai yawancin zanen suka riƙa duhu suna tsattsagewa. Na biyu, garin nasa ya yi ta sauya hannu: bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya ya faɗa Cekoslobakiya, a 1938 ya koma Hangari, a 1945 Tarayyar Sobiyet ta haɗiye shi, tun 1991 kuma yana cikin Yukren da sunan Mukachevo. Fenti ya dushe, iyaka ta gusa, amma duk wanda ya ambaci mai zanen sai ya ambaci garin da tsohon sunansa.

Sai na ga ashe labarin gidanmu ne. Malam Zaki ya kafa Katagum a zamanin jihadi, daga baya a zamanin Turawa aka mayar da fadar Azare. Sarauta ta yi ƙaura, amma ba ta yar da sunan ba: har gobe Sarkin Katagum ake cewa. Azare ce hedikwatar ƙaramar hukumar Katagum, shi kuwa tsohon garin yana cikin ƙaramar hukumar Zaki. In masarauta ba ta ji kunyar amsa sunan inda ta baro ba, ni wane ne?

Bahaushe ya ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Gaskiya ne, amma na lura suna shi ne igiyar da ke hana rabuwar ta zama ta har abada. Sai dai igiya ce mai bashi. Munkacsy ya biya nasa da zanen talakawan ƙasarsa, ni kuwa me na biya?

Washegari na koma na ce wa malamar ta rubuta Katagum. Ta tambaya yadda ake rubuta shi, na jera mata baƙaƙen ɗaya bayan ɗaya. Da Babbar Salla kuma na ɗauki yaron, muka sauka Azare muka gai da Kawu, sannan muka wuce tsohon garin, na nuna masa ƙofar gidan da aka haifi kakansa.