Kabewa Ba Ta Gida Ɗaya Ba Ce



Duk wanda ya tashi a ƙasar Gwandu ya san idan damina ta ja baya, ganye ya fara bushewa, akwai abin da ke bayyana a kan rufin ɗakuna da jikin danga da bayan rumbu. Kabewa ce, wadda ta yi wata uku ko huɗu tana ɓoye a ƙarƙashin yaɗonta. A yawancin gidajenmu ba a ware mata gona. Gefen gonar gero, ko bayan gida inda ake zubar da toka, nan ake jefa 'ya'yanta biyu ko uku da farkon damina, a manta da ita sai kaka.

Tana da wani hali da ya sa muka zaɓe ta a rubutun yau. Idan ba a taɓa ta ba, aka ajiye ta a inuwa, za ta yi watanni lafiya lau. Amma ranar da wuƙa ta shige ta, kwanakinta sun zama ƙidayayyu. Gida ɗaya kuwa ba ya iya cinye babbar kabewa kafin ta fara laushi. Shi ya sa matar da ta fasa kabewa takan kira yaro ta ɗora masa yanki a faifai ya kai maƙwabta, wani yankin gidan surukai, wani gidan mai jego. A kasuwa ma yanka-yanka ake sayar da ita. Tun daga halittarta abincin rabo ce. A shekarar da hannu ya yi ƙunci, irin 2020 da ambaliya ta cinye shinkafar fadamun Kebbi, wannan yankin da ake aikowa a faifai shi ke ba miya kauri da launi a gidan da babu kuɗin tumatir.

Mu nan muna da ɗan zama da muke yi bayan girbi, mu matasa masu sha'awar rubutu daga Gwandu da Kalgo. Yawancinmu a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Waziri Umaru da ke Birnin Kebbi muka san juna. Wani karo a Kalgo, wani karo a Gwandu, a shimfiɗa tabarma, kowa ya karanta abin da ya rubuta, a yi masa gyara. Taro kuwa ba ya daɗi da baki a bushe. Kowa yakan zo da abin da gidansu ya samu, kuma a kaka abin da kowane gida ke da shi kabewa ce.

Mun saba da ita a miyar taushe, da sure da alayyahu da gyaɗa, a ci da funkaso ko masa. Amma wayoyinmu sun nuna mana wata fuskarta. Daga watan Satumba zuwa Nuwamba, shafukan girki na Amurka cike suke da kabewa mai zaƙi. Can ma kakarsu ce. Suna fafe ta su yi ado da ita a ƙarshen Oktoba, suna kuma gasa ta da sukari a bikin godiyar da suke yi ranar Alhamis ta huɗu a watan Nuwamba. Cikin abubuwan da suke ajiye wa baƙi akwai wani haɗi mai kauri: niƙaƙƙiyar kabewa ta gwangwani, da wani cuku mai laushi, da garin sukari, da kirfa da citta da kanumfari da gyaɗar ƙamshi. A zuba a kwano a tsakiyar tebur, kowa ya riƙa dangwala biskit ko yankan tuffa. Ba su kaɗai ba ne. A Turkiyya ana dafa kabewa cikin sukari a yaryaɗa mata niƙaƙƙen riɗi, a Masar ana gasa ta da madara, a Indiya ana tuƙa ta da man shanu ta zama alewa.

Kafin wani ya ce mun kwaikwayi Turawa, ya kamata mu san ita kanta kabewar baƙuwa ce da ta zama 'yar gida. Asalinta daga nahiyar Amurka ne. A ƙasar Meziko an gano alamun nomanta na kusan shekara 10,000 da suka wuce, kuma sai bayan 1492, da jiragen ruwa suka haɗa nahiyoyi, ta bazu zuwa sauran duniya, kamar yadda masara da rogo da gyaɗa da barkono suka bazu. Danginta da muka daɗe da shi a Afirka shi ne duma, wanda ke ba mu ƙwarya da ludayi. Kakanninmu sun karɓi baƙuwar, suka raɗa mata suna, suka ƙirƙiro mata taushe, har ta shiga karin magana: kabewar kan kabari, baƙin cikin mai taushe. Idan su sun iya mayar da ita tasu, mu ma za mu iya mayar da wancan haɗin na dangwale ya zama namu.

Ga yadda muke yi, da abin da ke kusa da hannu.

A samu kwatan kabewa matsakaiciya, wadda cikinta ya nuna sosai ya yi ja-ja. A fere bayan, a kankare zaren ciki, a ware 'ya'yan gefe guda. A yanka ta ƙanana, a turara a madambaci kamar minti 20, har cokali ya riƙa shigewa ba tare da an danna ba. Turarawa ta fi dafawa cikin ruwa, domin kabewa kusan kashi 90 cikin 100 na jikinta ruwa ne, ƙara mata wani ruwan salance ta yake yi. Idan ta turaru a murƙushe ta da bayan ludayi har gudaji su ɓace. A ɗora tukunya a wuta kaɗan, a narka man shanu cokali 2, a juye kabewar, a sa mazarƙwaila kamar girman ƙwai biyu, wadda aka farfasa. A riƙa tuƙawa da muciya. A daka kirfa da busasshiyar citta, rabin ƙaramin cokali kowanne, da kanumfari ƙwaya 3, a barbaɗa, a sa gishiri ɗan abin da yatsu biyu za su ɗauka. Idan ta yi kauri a sauke, a bar ta ta huce sarai.

A madadin cukun nan nasu, kindirmo muke amfani da shi. Tun da safe a zuba kofi 2 a farin ƙyalle mai tsabta, a ɗaure a rataye, ruwan ya tsane har abin da ya rage ya yi kauri kamar man kaɗe. Sai kabewar ta yi sanyi ake haɗa su, don kindirmo na jin zafi yake tsinkewa. A gauraya a hankali, a zuba a akushi ko kwano mai faɗi, a barbaɗa dakakkiyar soyayyar gyaɗa a sama. 'Ya'yan da aka ware kuma a wanke, a shanya, a soya da gishiri, yara su samu abin ɓarawa. Ana dangwala masa, ko funkaso, ko burodi, ko dafaffen dankali. A yi shi ranar da za a ci, domin abin da nono ya shiga ba ya jure kwana inda wutar lantarki ba ta da tabbas.

Waɗannan sakin layi biyu da kuka karanta yanzu sun fi kowane sashe na wannan rubutu cin lokacinmu, kuma su ne dalilin kawo muku maganar girki a zauren marubuta.

Akwai wata gwaggonmu a Gwandu, a tsakar gidanta muke hura wuta idan zaman ya faɗo can. Ranar da ta fara ganin mazarƙwaila na shiga tukunyar, sai ta riƙe haɓa.

"Ku ɗiyan ga, wa ak koya muku sa zaƙi ga kabushi? Kabushi abin miya na."

Muka ce, "Gwaggo, ku ɗanɗana tukuna, in bai yi ba ku hana mu."

Ta lakata da yatsa, ta yi shiru, sannan ta karɓi muciyar da kanta. Ita ce ta kawo shawarar madambaci, ita ce kuma ta ce a rage kanumfari don yana danne ƙamshin man shanu. Da muka tambaye ta minti nawa ake tuƙawa, sai ta dube mu kamar mun tambaye ta nauyin iska. Ta ce in ya yi, mai tuƙi na sani.

To, a nan aikin marubuci ya fara. Gwaggo ta san lokacin da ya yi, hannunta ya sani, hancinta ya sani. Yarinyar da za ta karanta rubutunmu a Maraɗi ko Zariya ba ta tsaye kusa da Gwaggo. Dole muka zauna bakin murhu muna kallo, har muka samo abin da za mu faɗa mata: launin zai tashi daga ruwan ɗorawa ya koma na ƙasa-ƙasa, tartsatsin da tukunya ke yi zai lafa, kuma idan aka ja muciya a gindin tukunya za ta bar hanya wadda ba ta rufewa nan take. Abin da dattijuwa ta taƙaita a kalmomi uku, sai da muka sa ido da kunne muka warware shi. Haka ake rubuta fushi a labari, haka ake rubuta soyayya. Wanda ya rubuta "ranta ya ɓaci" ya tsaya ne a "in ya yi". Mai karatu yana jiran ya ga hanyar da muciya ta bari.

Abu na biyu shi ne aikatau. Ku duba yadda Hausa ta rarrabe ayyukan madafa: ana fere kabewa, ana ɓare gyaɗa, ana kankare ciki, ana turara dambu, ana tuƙa tuwo, ana dama fura, ana tace gasara, ana lakatar miya, ana dangwala loma. Kowace kalma da motsin hannunta. Ku leƙa shafukan girki da ake rubutawa da Hausa a intanet, za ku tarar da yawa daga cikin waɗannan kalmomi an ture su, an dasa na Turanci a gurbinsu, har jimla ɗaya takan ɗauki uku ko huɗu. Haka wasu littattafanmu na soyayya, jaruma na shiga madafa sai harshen marubuciya ya sauya. Ba laifi ba ne aron kalma ga abin da ba mu da shi, ai sukari da burodi da biskit duk aro ne. Asarar tana wajen kalmar da muke da ita, mai kaifi, muka bar ta ta yi tsatsa. Idan masu shekara ashirin ba su rubuta "fere" ba, masu shekara goma ba za su karanta ta ba.

Abu na uku shi ne wanda muka fi jayayya a kansa a zamanmu. Kabewa za mu rubuta ko kabushi? A nan yammacin ƙasar Hausa kabushi muke cewa. Kuɓewa a bakinmu guro ce, yakuwa sure ce, barkono tonka, gyaɗa kuma gujiya. Daidaitacciyar Hausar da muka koya a makaranta, wadda jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta yaɗa daga Zariya tun 1939, ta fi jingina da karin Kano. Tana da amfaninta, da ita Bakatsine da Bazazzagi da Bakabe ke karanta juna ba tare da tafinta ba. Amma ko Bargery, a ƙamusunsa na 1934, bai zubar da kalmomin sauran yankuna ba, ya tattara su ya nuna inda ake faɗarsu. Matsayar da muka cimma ita ce wadda kuka gani a sama. Idan mu ne ke bayani, kabewa muke rubutawa don kowa ya gane. Idan Gwaggo ce ke magana, kabushi za ta ce, don ranar da muka sa mata "kabewa" a baki, ta tashi daga Gwaggon Gwandu ta koma wata mata da ba mu sani ba.

Garin da muke wannan magana a cikinsa ba baƙon alƙalami ba ne. Nan Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya zauna, ya yi mulki da karantarwa da wallafa har ya rasu a 1829, kuma hubbarensa na nan. Abin da ya rubuta ya iso gare mu saboda an sa shi a takarda, an kwafa, an adana. Ilimin da ke hannun iyayenmu mata bai samu wannan gatan ba. Daga baki yake zuwa hannu, daga uwa zuwa ɗiya, kuma ɗiyar yanzu tana makaranta a Birnin Kebbi ko Aliero, ba ta bakin murhu da marece. Duk tsohuwar da ta kwanta dama, akwai ma'auni da dabarar da ke tafiya da ita.

Saboda haka ga aikin wannan mako ga mai so. Ku je wurin Inna ko Gwaggo ko Kaka, ku zaɓi abinci ɗaya da suke yi a wannan lokaci na kaka. Ku zauna ku kalla daga hura wuta har saukewa. Ku rubuta shi cikin kalmomi 300, da Hausa zalla, da sunan da garinku ke kiran kowane abu. Sannan ku miƙa takardar ga wanda bai taɓa girka shi ba, ku koma gefe ku kama bakinku. Duk inda ya tsaya ya ɗago kai yana neman ƙarin bayani, ku sa alama, nan ne jimlar ke buƙatar gyara. Tukunya ba ta kara, za ta gaya muku gaskiyar rubutunku fiye da yadda abokai za su iya.

Wanda kuma ya fasa kabewa don gwada namu haɗin, kada ya manta da yankin maƙwabta.

Allah ya ba mu kaka mai albarka, ya ƙara wa alƙalumanmu kaifi. Sai mun ji daga gare ku.