Ba A Fafe Gora Ranar Tafiya

Zuwa ga Edita,

Ina roƙonka ka ba ni ɗan fili a jaridarka mai farin jini, in faɗa wa 'yan'uwana malamai da akawuna abin da ya same mu a ƙungiyarmu ta gama kai ta manoma, a wani ƙauye na ƙasar Ɗambatta. Ni ne magatakardanta, rabin laifin kuwa nawa ne.

Duk wanda ya san ƙasarmu, daga Ungogo zuwa Minjibir, da Bichi, da Makoɗa, ya san gona ba ta hutawa. Mutane sun yi yawa, gonaki sun tsuke, shekara da shekaru ana noma wuri guda. Kakanninmu da jakuna su ke ɗebo taki daga birnin Kano, mu kuwa takin zamani mu ke nema. Tun da aka fito da bashin manoma na Babban Bankin Nijeriya a 2015, wanda aka riƙa bayarwa ta hannun ƙungiyoyi, sai shugabancin ƙungiya ya zama abin ƙwace, don wanda ya riƙe shi shi ke kusa da rabon taki da iri.

To, ana sauran 'yan kwanaki zaɓenmu na 2019, sai kawuna, wanda ke neman shugabanci, ya zo zaurena bayan lisha da takarda a hannu. Ya ce, "Malam, waɗannan duk manoma ne, 'ya'yanmu ne, ka shigar da su. Kuɗin shiga na tafe." Na ce, "Kawu, ai kwamiti bai zauna a kansu ba." Ya ce, "Ni da na goye ka za ka karanta wa doka?" Kunya ta kama ni, na ɗauki alƙalami na rubuta sunaye fiye da talatin, ban sa kwanan wata ba.

Ranar zaɓe da na tashi karanta sunaye, sai wuri ya ruɗe. Ɗaya ɓangaren suka ce ba su san waɗannan ba. Mutanen kawuna suka ce su ma a cikin nasu akwai matattu da ba a soke ba, da waɗanda suka ƙaura Legas, da waɗanda suka shekara uku ba su biya ko kwabo ba. Abin baƙin ciki, duka biyu gaskiya suka faɗa. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Aka kaɗa ƙuri'a cikin hayaniya, kawuna ya ci da ɗan rinjaye, waɗancan suka ɗauki lauya suka tafi kotu.

A can ne na koyi abin da ya kamata in sani tun ran da aka ba ni littafi. Dokar ƙungiyoyin gama kai ta farko a Nijeriya an yi ta a 1935, bayan rahoton da wani Bature, Mista Strickland, ya rubuta a 1934, an kuma yi ta tarayya a 1993. Ga abin da lauyoyi suka riƙa nanatawa: mutum ɗaya ƙuri'a ɗaya, komai yawan hannun jarinsa, wanda bai biya abin da aka yanka ba, ba shi da haƙƙin memba, littafin sunaye kuwa shi ne shaidar ran da mutum ya shiga da ran da ya fita. Wannan ƙa'ida ta ƙuri'a ɗaya tsohuwa ce, da ita mutum 28 na garin Rochdale a Ingila suka kafa tasu a 1844. Amma ina amfanin ƙuri'a ɗaya in ba a san su wa ke da ita ba?

Bayan an ɗaga ƙara sau da yawa, alƙali ya ce irin wannan rigima ta tsakanin membobi wurin Darektan ƙungiyoyin gama kai a ke fara kai ta. Muka koma inda ya kamata mu fara. Jami'in da aka aiko ya buɗe littafina, ya gwama shi da rasidai da littafin zaman kwamiti, ya tambaye ni a gaban jama'a, "Malam, yaushe aka karɓi waɗannan?" Na sunkuyar da kai, na faɗi gaskiya. Aka soke zaɓen. Kafin a sake wani damina ta yi nisa, babu mai sa hannu a madadinmu, taki ya wuce mu. Akwai wata gwauruwa mai marayu huɗu da ba ta taɓa fashin biya ba, gero nata ya tsaya ja wur a gona. Har yau in na gan ta sai in sake hanya. Kawuna kuma ya shekara bai amsa gaisuwata ba.

Saboda haka ga shawarata ga kowane magatakarda. Kada a rubuta suna sai kwamiti ya zauna ya yarda, a sa kwanan wata da lambar rasidi. Wanda ya rasu ko ya fita, a soke sunansa a taron da ya biyo baya. A rufe littafi wata guda kafin zaɓe, a kafe sunayen a ƙofar gidan dagaci, a kuma karanta su da ƙarfi ran kasuwa saboda waɗanda ba su karatu. Mai ƙorafi ya kawo shi a lokacin, gama ba a fafe gora ranar tafiya. In babba ya zo maka da dare da takarda, ka ba shi girmansa, ka ce ya kawo ta gaban kwamiti da rana. Fushinsa na kwana biyu ya fi sauƙi bisa ga yunwar marayu.

Allah ya ba mu ikon riƙon amana, amin. Haza wasalam.

Ni ne naka,
Wani Magatakarda, ƙasar Ɗambatta.