Fada ta shiga ɗaki

Duk wanda ya yi ƙuruciya a Yamai bayan Taron Ƙasa na 1991 ya ga yadda fada ta yaɗu cikin unguwanni. Samari su shimfiɗa tabarma ƙofar gida, su ɗora shayi bisa gawayi, a yi ta hira har dare ya raba. Iyaye sun yi kuka, sun ce zaman banza ne. Amma fada tana da suna rubuce ga bango, kuma dattijon da ya fito sallar asuba ya san ɗan wane da ɗan wane ke zaune. Ƴanmata kuwa, da an yi isha'i suna cikin gida.

Fada tana nan har yau, sai dai ta haifi wata wadda babu dattijon da ke wucewa gabanta. Ita ce ta cikin salula: WhatsApp, TikTok, Facebook. Shigarta ba ta bukatar lakwal, tun da saƙon murya ya isa. Ta haka ta kai ga ɗiyar da ba a taɓa bari ta leƙa ƙofar gida da dare ba.

Ina riƙon yara uku, masu shekara 13 zuwa 17, biyu nawa, ɗaya na yayana. Abin da ya fara damuna shi ne barci. Likitoci sun ce matashi yana bukatar awa 8 zuwa 10 kowane dare. Forfen dare kuwa shi ne mai arha, don haka hira ba ta daɗi sai an kashe fitila. Wani abokina mushe a kwaleji ya ce mini tun darasin farko yake gane wanda ya kwana bisa waya: ido ja, kai bisa tebur, ga saurin fushi. Irin wannan yaro za a kai jarrabawar BEPC, in ya faɗi a ce malamai ba su koyarwa.

Na biyu ya fi nauyi. A unguwarmu wata yarinya ta aika wa saurayinta hoto, suka ɓata, ya watsa shi. Kafin magariba har masu shago sun gani. Ta bar lakwal, ta daina cin abinci, aka mai da ita ƙauye wurin kakarta. Akwai doka mai lamba 2019-33 ta ranar 3 ga Yuli 2019, wadda ke hukunta irin wannan aiki. Ubanta bai je komisariya ba, don ya san kai ƙara zai ƙara yawan masu jin labarin. Yaron yana nan yana yawonsa.

Ba mu kaɗai ke kuka ba. A 2021 Frances Haugen, tsohuwar ma'aikaciyar Facebook, ta fitar da takardun da ke nuna kamfanin ya san Instagram yana cutar da wasu ƴanmata wajen yadda suke kallon jikinsu. A 2024 Ostareliya ta yi dokar hana ƴan ƙasa da shekara 16 shiga waɗannan kafofi. To, a ƙasar da wajen rabin jama'a ba su kai 15 ba, kuma waya guda ke zagaya gida daga uwa zuwa auta, wa zai tantance shekaru?

Ban ce a rufe ba. Ƴan kasuwar Katako da Babbar Kasuwa, masu odar kaya daga Lome da Dubai ta WhatsApp, ba su manta asarar kwana 10 da aka yanke intanet ta salula bayan zaɓen 2021 ba. Ni dai a gidana, ƙarfe 10 na dare kowace waya tana cikin akwatina, makulli cikin aljihuna. Ƙaramar ta yi kwana uku ba ta gaishe ni da fara'a ba. Babban bai ce komi ba, sai daga baya na lura ya ƙara son kai wa kakarsa ruwan alwala da dare, ita da wayarta ke kwana bisa taga.