Rumbun Ruwa a Duwatsun Roki

Kalmar ƙanƙara tana ɗauke da kaya masu yawa a bakin Bahaushe. Da ita ake kiran ƙwayoyin nan masu tauri da kan zubo tare da ruwan sama su kakkarya ganyen shuka, da ita ake kiran dutsen ƙyastu, da ita kuma ake kiran dunƙulen da mai sayar da ruwan sanyi yake fasawa a bakin tasha cikin watan azumi. Da labarin ƙasashen sanyi ya iso, sai aka daɗa mata wani kayan, aka ce dusar ƙanƙara, domin abin da ke sauka daga sama fari fat, marar nauyi, ya yi kama da dusar hatsi. Duk waɗannan ana iya riƙe su a tafin hannu. Harshen bai tanadi suna ba ga tafkin da ya daskare har jama'a suna yawo a kansa, balle ga kogin da ba ya gudu sai jan ciki, taƙi kaɗan a yini. Mai son ba da labarinsu tilas ya ɗinka kalmomi da kansa, ya ce daskararren tafki, ya ce kogin ƙanƙara.

Wani dattijo mutumin Maraɗi, wanda ya ƙarar da ƙarfinsa wajen haƙar rijiyoyi a ƙauyuka, ya gamu da wannan ƙarancin kalmomi cikin wani watan Janairu, sa'ad da ya je duba ɗiyarsa da ke aikin jinya a birnin Kalgari na lardin Alberta, a yammacin Kanada. Ita ce ta biya kuɗin tafiyar yini guda zuwa Duwatsun Roki, irin wadda kamfanonin yawon buɗe ido suke shiryawa a lokacin hunturu: ƙaramar bas, baƙi goma sha wani abu, da jagora guda wadda ita ce kuma direba. An ɗauke su tun da duhu, domin a wannan wata rana ba ta ɓullowa sai wajen ƙarfe takwas da rabi, kafin ƙarfe biyar da rabi kuma ta faɗi. Yinin gajere ne, hanya kuwa doguwa, saboda haka kowane zango da ƙidayarsa.

Jagorar yarinya ce a idonsa, ba ta ma kai ɗiyarsa a shekaru ba. Wannan ya tsaya masa a rai tun daga farko. A sana'arsa shi ake wa biyayya. Shi ke duban bangon rijiya ya ce a ci gaba ko a dakata, kuma a bisa maganarsa ne magidanta suke ɗaura igiya a ƙugu su sauka gaba ashirin cikin ƙasa. Ya san abin da ake nufi da mutum ya jingina ransa a kan sanin wani, amma kullum shi ne wanda ake jingina a kansa. Ga shi yau an miƙa masa wasu ƙarafa masu haƙora, an ce ya ɗaura wa takalminsa saboda santsi, har ɗiyarsa ce ta durƙusa ta ɗaura masa.

Zangon farko shi ne Tafkin Luwiz, cikin gandun daji na Banf, wanda aka kafa a 1885, shi ne kuma na fari a Kanada. Tafkin yana sama da mita 1,700 bisa teku, tsawonsa kamar kilomita biyu, zurfinsa ya kai mita 70. Daga can ƙarshensa kogin ƙanƙara na Biktoriya yana rataye a jikin dutse. Jagorar ta ba da tarihi, ɗiyar tana fassarawa. Mutanen Nakoda, waɗanda suka riga kowa sanin wurin, suna kiransa tafkin ƙananan kifaye, kuma ɗaya daga cikinsu ne ya kai wani ma'aikacin hanyar jirgin ƙasa, Tom Wilson, bakinsa a 1882. Daga baya aka sa masa sunan Gimbiya Luwiz, ɗiyar Sarauniya Biktoriya ta Ingila. Sana'ar jagoranci ma da tarihinta a nan. A 1896 wani mai hawan dutse, Philip Abbot, ya faɗo daga Dutsen Lefroy da ke kusa ya mutu, shekara uku bayan haka kamfanin jirgin ƙasa ya ɗauko gwanayen jagorori daga Siwizalan domin su riƙa raka baƙi. Dattijon ya lura da abu guda cikin labarin: a wurin nan ba wanda ya taɓa isa ko'ina sai da wani ya nuna masa hanya.

Da aka ce a sauka kan tafkin, sai ya toge a baki. Mutane suna ta zirga-zirga a kai, yara suna zamiya da takalman ƙarfe, amma ganin yawan jama'a bai taɓa zama hujja a wurinsa ba, gama ya sha ganin rijiyar da ta rufta alhali mutum goma sun shiga sun fita lafiya kafin nan. Ɗiyar ta ce, "Baba, ku taho mana, kowa fa yana kai." Ya ce, "Ɗiyata, tambayo mini ita, kaurin abin nan nawa ne, kuma ta yaya ta sani?"

Jagorar ba ta yi dariya ba. Ta tsaya ta yi bayani dalla-dalla. Ƙa'idar da ake bi a Kanada ita ce santimita 15 ga mutum guda mai tafiya, santimita 20 ga taron jama'a, kuma a tsakiyar hunturu ƙanƙarar wannan tafki takan wuce haka nesa. Ta ce launi ma shaida ne: ƙanƙara garai-garai mai shuɗi-shuɗi ta fi kowace ƙarfi, fara ba ta wuce rabin ƙarfinta ba, mai ruwan toka kuwa akwai ruwa a cikinta, ba a taka ta. Sa'an nan ta nuna masa inda ruwan tafkin yake fita ya zama rafi, ta ce can ba a zuwa ko da wane irin sanyi ake yi, domin ruwa mai motsi yana cin ƙanƙara daga ƙasa. Wannan magana ta ƙarshe ita ce ta kwantar masa da hankali. A ganinsa wanda ya san wuri shi ne wanda zai iya nuna inda wurin yake kisa. Ya sa ƙafa.

Abin da ya tsaya a kansa ya saɓa wa yadda yawancin abubuwa suke. Galibin abin da ya daskare yakan fi ruwansa nauyi ya nutse, amma ruwa yana kai matuƙar nauyinsa ne a digiri huɗu, in ya ƙara sanyi daga nan sai ya fara sauƙi, in ya zama ƙanƙara sai ya taso sama. Saboda haka tafki daga sama yake daskarewa, murfin ya kare abin da ke ƙasa, kifaye su ci gaba da rayuwa cikin duhu har zafi ya dawo. Mutumin da ya shekara talatin yana huda ƙasa domin ya tarar da ruwa, ga shi tsaye bisa ruwa mai zurfin da ya fi yawancin rijiyoyin da ya haƙa. Bai ce kome ba, sai dai ya buga dunduniya sau biyu yana sauraro, kamar yadda yakan ƙwanƙwasa bangon rijiya.

Daga nan suka kama hanyar da ta nufi arewa zuwa Jasfa, mai tsawon kilomita kusan 230, wadda aka buɗe a 1940. A hunturu ba gidan mai a buɗe a kanta, waya ba ta kamawa a mafi yawanta, kuma hukuma takan rufe ta idan ana tsoron zaftarewar dusar ƙanƙara daga duwatsu. Wannan shi ne abin da baƙi suke saye da kuɗinsu: wanda ya duba rahoton hanya tun da asuba, ya san inda za a tsaya da inda za a wuce. An tsaya a gaban wani kogin ƙanƙara da ake kira Ƙafar Hankaka, saboda a dā yana da yatsu uku a shimfiɗe bisa dutsen. Yanzu biyu ne, na ƙasan ya narke tun da jimawa, suna kawai ya rage yana tuna wa mutane.

A bakin Tafkin Bow ne jagorar ta faɗi yadda kogin ƙanƙara yake samuwa. Dusar da ta sauka a kan tsauni, idan zafin shekara bai narkar da ita duka ba, ta baɗi takan sauka a kanta ta danne ta. Shekara bisa shekara nauyi yana matse iska yana fitarwa, har dusar ta koma ƙanƙara mai tauri, sa'an nan nauyinta ya sa ta fara gangarowa a hankali, tana niƙa dutsen da ke ƙarƙashinta ya zama gari mai laushi. Garin nan ne yake shiga tafkunan ya ba su launin nan tsakanin shuɗi da kore wanda ake gani a hotuna lokacin zafi. Ta ƙara da cewa daga wannan tafki Kogin Bow yake tasowa, shi ne kuma yake ratsa Kalgari, birnin yana shan ruwansa. Mafi yawan ruwan kogin daga narkewar dusar kowace shekara yake, amma a ƙarshen lokacin zafi, sa'ad da dusa ta ƙare, ruwan sama ya yi ƙaranci, sai kogin ƙanƙara ya riƙa cike giɓin.

Nan ne dattijon ya sami kalmar da yake nema. Ya ce wa ɗiyarsa, "Ashe rumbu ne." Abin da aka tara a shekarun wadata ake ɗiba a watannin rashi. Ya kuma san ɗan'uwan wannan rumbu a ƙasarsu, domin a arewacin Nijar akwai ruwan da ke kwance ƙarƙashin hamada tun zamanin da Sahara take da dausayi, dubban shekaru da suka wuce, wanda in an janyo shi ba ruwan saman da zai mayar da gurbinsa. Ya tambaya ko ana zuba wa wannan rumbun daidai abin da ake ɗiba. Jagorar ta ce a'a. Ta ba da misali da kogin ƙanƙara na Atabaska, can gaba a kan hanyar, wanda ya ja da baya fiye da kilomita ɗaya da rabi, ya kuma rasa kusan rabin jikinsa cikin shekara 125 ko makamancin haka. A kan hanyar ƙafa da ke zuwa bakinsa an kakkafa alluna masu ɗauke da shekaru, kowane yana nuna inda ƙanƙarar ta tsaya a wannan shekara, mai tafiya yana wuce su ɗaya bayan ɗaya bisa tsakuwa. Damuwa da irin wannan ce ta sa Majalisar Ɗinkin Duniya ta keɓe shekarar 2025 domin kiyaye kogunan ƙanƙara, ta kuma sa 21 ga Maris ta zama ranarsu a kowace shekara.

Manomi ya san abin da ke biyo baya idan gida ya fara cin hatsin da ya wuce ƙa'ida. Tukunya takan cika na ɗan lokaci, har wanda bai leƙa rumbu ba ya zaci an sami yalwa. Haka kogi yake yi yayin da ƙanƙarar da ke ciyar da shi take narkewa da sauri: ruwa yakan ƙaru tukuna, daga baya ya ragu. Dattijon ya dubi abokan tafiyarsa suna ɗaukar hotuna, da yawansu sun keto teku cikin jirgin sama domin su ga abin kafin ya tafi, alhali hayaƙin irin wannan tafiya yana cikin abin da ke gaggauta tafiyarsa. Bai ga laifinsu fiye da nasa ba, shi ma jirgi uku ya shiga kafin ya iso.

Zango na ƙarshe shi ne Tafkin Abraham, wanda ɗan Adam ne ya yi shi a 1972 da aka datse Kogin Saskacewan ta Arewa. Iska mai ƙarfi tana share dusa daga fuskarsa, ƙanƙarar ta zama kamar gilashi, a cikinta kuma ga fararen faya-fayai jere bisa juna har ƙasa. Iskar metan ce, wadda ke fita daga ciyayi da itatuwan da suke ruɓewa a ƙasan tafkin, tana tasowa sanyi yana kama ta hawa-hawa. Jagorar ta ja layi da sandarta ta ce kada kowa ya wuce nan, domin madatsar tana rage ruwa cikin hunturu, ƙanƙarar bakin gaɓa takan karye ta bar rami a ƙarƙashinta. Wani saurayi ya nufi ƙetare layin da na'urar hotonsa. Dattijon ne ya riga kowa kama masa hannun riga, ya nuna masa jagorar, ko da yake ba su da harshe guda.

Ya yi sallolin Azahar da La'asar a haɗe, a gefen bas, bisa bargon da jagorar ta ciro masa daga bayan mota ba tare da an roƙe ta ba. Kafin su kai rabin hanyar komawa duhu ya rufe. Da suka isa gida ɗiyar ta buɗe famfo za ta ɗora shayi, sai ya ce, "Ɗiyata, tsiyaya mini kaɗan a kofi tukuna." Ya ɗaga shi wajen fitila ya duba, ya ɗanɗana kamar yadda yakan yi wa ruwan sabuwar rijiya, sa'an nan ya tambaye ta ko mutanen garin sun san daga inda yake zuwa. Ta ce ita ma shekara shida tana sha, sai yau ta sani.