Rairayi Ba Ya Jawo Gobe: Bugun Ƙasa a Idon Ɗan Zaitawa

A labaran ƙirƙira akan sami bokan da yake watsa rairayi ya tsayar da rana, ko ya mayar da jiya ta koma yau. Bahaushe bai taɓa ɗora wa rairayi wannan nauyi ba. Abin da ya nema a wurinsa shi ne leƙen gobe tun kafin ta waye, wato bugun ƙasa, wanda Larabawa suke kira ilimin ramli. A ganina wannan ma wani nau'i ne na kokawa da lokaci, domin wanda ya je wurin mai duba jira ne ya gagare shi.

Unguwarmu Zaitawa ana danganta sunanta da Abdurrahman Zaite, jagoran Wangarawan da suka zo Kano daga ƙasar Mali. Littafin Tarihin Kano ya sanya zuwansu a zamanin Sarki Yaji (1349-1385). Wanda ya tashi a irin wannan unguwa ta malamai ya san cewa ana ambaton mai duba ne da murya ƙasa-ƙasa, amma kuma kowa ya san zauren da ake samunsa.

Aikin kansa lissafi ne mai tsari. Mai duba yakan baje rairayi, ya ɗiga layuka 16 da yatsa ba tare da ƙirgawa ba. Sai ya bi kowane layi yana share ɗigo bibbiyu, har ya rage ɗaya ko biyu. Layuka huɗu suna ba da siffa guda, don haka ake samun siffofi huɗu na farko waɗanda ake kira iyaye. Daga jikinsu ake fitar da 'ya'ya huɗu, sannan a riƙa haɗa siffofi biyu-biyu har a kai ga shaidu biyu da alƙali. Siffofin duka 16 ne, kuma a Afirka ta Yamma an laƙaba musu sunaye irin su Yusufa, Adamu, Mahadi da Idirisu. Ana jingina asalin fannin ga Annabi Idirisu, littafin da ya fi shahara a kansa kuwa na Muhammad Zanati ne, mutumin Arewacin Afirka. Fannin ya kai Madagaska, aka kuma fassara shi zuwa Latin a ƙarni na 12.

Da na zauna da takarda ina bin ƙa'idojin a lokacin karatun digirina na biyu, abubuwa biyu suka bayyana mini. Na farko, da zarar iyaye huɗu sun fito, an gama komai. Sauran siffofin tarawa ce kawai, kuma yawan zubin da zai iya fitowa bai wuce 65,536 ba. Na biyu, adadin ɗigon alƙali kullum cika yake, ba ya zama mara, saboda haka siffofi takwas ne kacal suke iya hawa kujerarsa. Babu wata kafa a cikin wannan lissafi da labarin gobe zai bi ya shigo. Abin da aka zuba da yatsa shi ake kwashewa, ragowar kuwa fassarar mai duba ce, wanda yake karanta fuskar baƙonsa fiye da yadda yake karanta ƙasa.

Malamai sun daɗe da faɗar haka. Ibn Khaldun ya yi bayanin fannin a Muƙaddimarsa ta 1377, ya nuna cewa tsari ne da mutane suka ƙaga, ba hanya ba ce ta sanin gaibu. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a cikin Nurul Albab, ya yi kakkausan gargaɗi ga masu da'awar sanin gaibu ta zanen ƙasa ko ta taurari. Duk da haka sana'ar tana nan, sai dai biro da takarda sun fara maye gurbin rairayi.

Dalilin ɗorewarta na gan shi a gidanmu. Wata gwaggona ɗanta ya tafi ci-rani ƙetaren Hamada, aka daina jin ɗuriyarsa. Ta yi wata da watanni ba ta runtsawa. Da ta je wurin mai duba aka ce mata yana raye, yana tafe kafin azumi. Daren nan ta yi barci. Na fahimci cewa abin da ta saya da kuɗinta wa'adi ne, domin jiran da yake da iyaka ya fi sauƙin ɗauka a kan wanda ba a san ƙarshensa ba.

Amma rana ba ta ƙarya. Azumi ya zo ya wuce, yaro bai dawo ba. Da ta koma, dole ƙasa ta kare kanta, sai aka ce wata mace ce a cikin gida ta ɗaure shi. Gidan kuwa mata biyu ne. Zaman shekara ashirin tsakaninta da abokiyar zamanta ya rushe a mako guda, aka raba tukunya, yara suka daina shiga ɗakin juna. Bayan shekara biyu yaron ya dawo da ƙafarsa, ya ce tsare shi aka yi saboda rashin takardu. An yi murna, an yi sadaka, amma har yau matan nan gaisuwa ce kawai tsakaninsu.

Wannan ne ya sa nake ganin masu nazarin al'ada bai kamata su tsaya ga jera sunayen siffofi da sha'awar tsarin lissafin ba. Ya kamata a bi sawun maganar bayan ta fita daga zaure, a ga auren da ta kashe, da majinyacin da ta hana zuwa asibiti a kan kari. Masu wa'azi su ma akwai aiki a gabansu, domin hana uwa zuwa wurin mai duba ba ya wadatarwa idan babu wanda zai zauna da ita ya taya ta jira, ya taimaka a nemo labarin ɗanta ta hanyar 'yan'uwansa matafiya. Gobe ta Allah ce, amma rage wa juna nauyin jiranta aikinmu ne.